Kofin da Baba ya miƙa wa ɗan takara

Ina ɗan shekara tara ko goma, ban tabbata ba, wani ɗan takara ya shigo layinmu a unguwar Hajj Yusuf da la'asar. Famfo bai iso unguwarmu ba tukuna, wurin mai amalanken jaki muke sayen ruwa. Mutumin ya ce in aka zaɓi jam'iyyarsu, ruwa zai zo ƙofar kowa.

Baba ya ɗebo ruwa daga randar da muke ajiye wa masu wucewa, ya miƙa masa. Ruwan ja ne, yana warin tsatsar gangar mai amalanke. Gabana ya faɗi, don zamanin soja ne, jam'iyyar kuma tasu ce, ana ɗauke mutum kan abin da bai kai wannan ba.

"Bisimilla, Ustaz," in ji Baba. "Shi 'ya'yanmu ke sha."

Mutumin ya dubi jama'a, ya runtse ido ya shanye. Mata suka yi dariya, suka matso kowacce da kukanta.

Ba zan ce kofin nan ne ya kawo mana famfo daga baya ba. Amma har yau, in tsoro ya kama ni a ofishin hukuma, hannun Baba nake tunawa, ko rawa bai yi ba.