Layin da Bai Kamata Ya Fito Ba

Kokwanto ya hana shi runtsawa, don haka ya riga kowa shiga ɗakin bincike. Karatunsa duka ya rataya ne a kan baƙin layi guda. Duk lokacin da ya zuba ƙwayoyin garkuwar jiki da aka sayo a kan ƙwayoyin halitta, layin yakan fito a hoto, shaidar sun kama sinadarin da ke sarrafa bitamin folik asid a jiki. Da layin zai kare digirinsa jibi.

Yau ya zuba su a kan ƙwayoyin halittar da aka cire wa sinadarin gaba ɗaya. Layin ya fito, baƙi ƙirin, kamar kullum. Ashe wani abu daban suke kamawa.

Bai ji komai a ransa ba.

"Wa ya aike ka?" in ji abokin aikinsa da ya shigo, yana leƙen hoton. "Ango, ana jibi biki kake binciken amarya? Goge shi mu je shan shayi. Ko Farfesa ba zai tambaya ba."

"Haka ne," ya ce.

Ya wanke hannu a tsanake. Sannan ya buɗe kwamfuta, ya cire hoton da ke shafin farko na jawabin da zai gabatar jibi, ya sa na yau.