Inna Yalwa a Ƙofar Gida

Tun da aka kafa dokar ƙwace duk gidan da ya yi wata guda ba kowa, Malam Hashimu mai ƙera mutum-mutumi bai sake rasa aiki ba. Shi ya ƙera Inna Yalwa bayan rasuwarta, har da tsagar fuskarta da jijiyoyin hannu, ya zaunar da ita a ƙofar gida, domin ɗanta yana aiki a Fatakwal.

Ranar Laraba ya zo canza mata mayafi, sai ya tarar da jami'in duba gidaje durƙushe a gabanta yana gaisuwa. Wanda aka kama da irin aikin Malam Hashimu, shekara bakwai ce a kurkuku.

"Ba ta amsa ba," in ji jami'in.

"Tsufa ne, ranka ya daɗe. Kunnen ya yi nauyi."

Ƙuda ya sauka a ƙwayar idonta, ya yi ta yawo. Su biyun suna kallo.

Jami'in ya miƙe, ya waiga hagu da dama, ya sassauta murya.

"Malam, tawa mahaifiyar shekaranjiya aka binne ta. Kwana nawa aikin yake ɗauka?"