Lauyan da Ke Bangon Dakta Haladu

Duk wanda ya shiga falon Dakta Haladu a unguwar Abu Hamour, hoton nan zai fara gani kafin ya ga kujera: wani Bature mai dogon gemu da baƙar kwat, ya ɗaure fuska tamau. Dakta ya ce sunansa Amos Tilbrook, lauya kuma ɗan siyasar Amurka na shekarun 1800. Dakta malamin tarihi ne a wata jami'a a Doha, kuma in ya kama zancen lauyan nan, shayin baƙo sai ya huce sau biyu.

Shi kuwa Shamsu direban bas ɗin ma'aikatan asibiti ne, kuma Haulat 'yar Dakta, ma'aikaciyar jinya, ita yake so ya aura. An ba shi Juma'a bayan la'asar ya je gaisuwa. Masu nema uku sun riga shi zama a falon nan, injiniyoyi biyu da likita ɗaya, duk sun fito hannu Rabbana.

Gado mai gadi, abokin ɗakin Shamsu, ba abin da ke wuce masa a unguwar 'yan Najeriya.

"Yalla, maza ka haddace lauyan nan," in ji Gado. "Likitan da ya ce tun a jami'a ya karanta shi ma bai kai labari ba, balle kai. In ka kakare, ka ce 'haka ne, Baba.' Ba a musu da suruki."

Kwana huɗu Shamsu na dakon ma'aikata a bakin asibiti yana laluben waya. Ya sami masu suna Amos birjik, ya sami lauyoyi kamar jamfa a Jos, amma bai sami nasa ba. Ya ɗora laifin a kan Turancinsa. Da ya kai wa Haulat kuka, dariya ta yi har da riƙe ciki.

"Ka dai faɗi abin da ka sani, khalas, shi ke nan," ta ce.

Ya ji haushi ƙwarai, don shi ba abin dariya ya gani ba.

Ranar Juma'a ya sayi dabino da kankana a kasuwar kayan marmari, ya cire takalmi tun daga waje, ya zauna a ƙasa. Gaisuwa ba ta gama sauka ba Dakta ya nuna bango.

A wata gona a Ohio aka haifi Tilbrook, in ji shi. Ya koyar da yara, ya koyi shari'a a ofishin wani tsohon lauya, ya riƙa bin kotu gari-gari a kan doki. Shi ya tsaya wa wata gwauruwa har ta kayar da kamfanin jirgin ƙasa. Sau biyu yana shiga majalisar jiha, da ya nemi ta ƙasa sai ya faɗi da ƙuri'a tara kacal.

Shamsu ya tuna ƙuri'a bakwai Gado ya ce masa Dakta ya faɗa wa likitan. Hajiya Atine, matar Dakta, ta ajiye shayi, tari ya sarƙe ta, ta fice da sauri.

"Ai ka san shi, ko?" Dakta ya tambaya. "Duk mai ilimi ya san shi."

"Haka ne" ta zo har bakin Shamsu. Ya ɗaga kai ya dubi hoton, idonsa ya faɗa kan wata 'yar takarda mai rubutun Larabci a liƙe a kusurwar katakon.

"Baba, ka gafarce ni. Wallahi ban san shi ba. Kwana huɗu ina nemansa, ko inuwarsa ban gani ba."

Dakta ya cire tabarau, ya dube shi, ya tashi ya shige ciki. Shamsu ya tabbata Haulat ta kuɓuce masa, har idonsa ya ciko.

Yana ɗaura takalmi Hajiya Atine ta leƙo.

"Dakta ya ce ka ba da lambar kawunka na Gusau, magabata su sa rana."

Shamsu ya saki baki. "Amma Umma, lauyan fa?"

"Wane lauya, ɗan nan? A kasuwar Wakrah na sayi hoton don ya rufe tsagar bango, sunan da tarihin kuwa Dakta ya ƙirƙiro su ranar da mai neman Haulat na farko ya yi sallama."