Gashin Fusako

Tomoe ta ɗaga kujerar ƙarfe ta rafka wa Fusako a tsakar ka. Jini ya ɓalle. Ta damƙi dogon gashinta, ta ja ta a ƙasa, ta tattake mata haƙarƙari.

Babban wasan kokawar mata ne na ƙarshen shekara a Tokyo, kuma kowa ya san sharaɗin wannan karon: wadda aka kayar, nan take za a yi mata ƙwal-kwabo.

"Butulu!" 'yan kallo ke ihu. "Ita fa ta koya miki kokawa!"

Tomoe ta danne ta, alƙaliya ta ƙirga uku. Aka miƙo injin aski. Gwangwanayen da 'yan kallo ke jifa suka fara sauka a bayan Tomoe. Ta sunkuya kusa da kunnen Fusako.

"Yaya, ba zan iya ba," ta raɗa mata.

"Ke dalla, kar ki ba ni kunya, ana kallonki," in ji Fusako, bakinta cike da jini. "Jibi za a fara mini maganin cutar kansa, mai zubar da gashi. Gara gashin nan ya zube a hannunki da ya zube a matashin asibiti."

Tomoe ta kece da dariyar mugunta, ta kunna injin. Kowa ya ɗauka gumi ne ke gangaro mata a kumatu.