Sumbar 'Yar Suwidin

Tun da hantsi Casimiro ya sa rigar zuwa coci, ya zuba turare har kyanwa ta bar ɗakin.

Shekara sittin yana ba da labari ɗaya. Wai da 'yan majigi suka zo daga Madrid ɗaukar garin a fim don jawo baƙi masu yawon buɗe ido, wata Baturiya 'yar ƙasar Suwidin ta cillo masa sumba a bakin teku. Ba wanda ya yarda, balle Fulgencio, abokin kamun kifinsa, wanda ke tsaye kusa da shi ranar. Yanzu an tono fim ɗin, za a nuna da la'asar.

"Yau za ka haɗiye dariyarka, tsohon banza," in ji Casimiro.

"Kai da ƙarnin kifi? Ko kaza ba ta kalle ka ba," in ji Fulgencio.

A zauren da za a nuna fim ɗin, Amparo, matar Casimiro, ta zauna tsakaninsu ta cire takalma. Ɗinkin taru ya murɗe mata ƙafa, don matan yankin nan da babban yatsan ƙafa suke riƙe taru suna ɗinki. Daga ƙauyen gaba aka auro ta, shekara biyu bayan fim ɗin.

Majigi ya tashi. Ga otal guda tak, jakuna na kai masa yashin gini. Zaure ya kaure da ihu, kowa na nuna kakarsa. Mai sharhi na ta yabon zafin rana, masunta kuwa duk cikin rigunan sanyi.

Sai ga 'yar Suwidin. Gashi fari tas, baƙin tabarau, kayan wanka ɗan mitsitsi. Iska ta fizge mata tawul, ta caɓe shi da yatsan ƙafa ko dubawa ba ta yi ba. Ta juya wajen samari biyu da ke jikin kwalekwale, ta sumbaci tafin hannu, ta hura.

Casimiro ya miƙe yana rawa da sanda. "Kun gani? Kun gani!" Hularsa ta faɗi, ana tafi, Fulgencio ya sunkuyar da kai.

Amparo ta ɗago hular da yatsan ƙafa, ta miƙa wa mijinta.

"Zauna, tsoho. Fabrairu ne, ana sanyi, ba baƙo ko ɗaya a garin, sai ni suka sa wa hular gashi, ita kuma ƙaiƙayi gare ta. Sumbar ma ta Fulgencio ce, kai ka tare."