Ƙauyen Tsohuwa, Ƙauyen Mama

Ina 'yar shekara tara Mama ta tafi da ni gidan wata tsohuwa 'yar Slovakia da take yi wa jinya a unguwar Takoma Park. Ɗakin sai warin man zafi. Tsohuwar ta damƙe wuyan hannuna, yatsunta kamar ƙarfe.

"Studenec," ta ce. "Ƙauyenmu ke nan, a gindin dutse. Sunan idon ruwanmu ya ci, mai sanyi har haƙori ke zafi. 'Ya'yana sun ƙi riƙe shi. Ke, faɗi!"

Na dubi Mama, kuka na neman ƙwace min.

"Faɗa mata mana, ai ba cizo take ba," in ji Mama, tana ninke zanin gado.

Sai da na faɗa sau bakwai ta sake ni. A cikin bas Mama ta fara, "Mu ma ƙauyenmu..." Na toshe kunnuwana. Na ƙoshi da ƙauyuka.

Yau Mama na kwance ba lafiya a garin Largo, ko ni ba ta ganewa, takardunta kuwa duk Jos suka ce mahaifarta, babu sunan ƙauye. Kullum sai na durƙusa: "Mama, don Allah, yaya sunan ƙauyenku?"

Murmushi kawai take yi. Ni kuwa Studenec kaɗai ke zuwa bakina.