Rigar da Baba Ya Ƙi Rufewa

Ranar kasuwar Danja na raka Baba sayar da tumatir. Da la'asar rediyo ya ce bana ma ƙungiyar ƙwallon jiharmu ba ta kai wasannin neman kofi ba. Baba ya tuɓe babbar riga zai yi alwala, sai ga tsohuwar rigar ƙungiyar a jikinsa, duk ta koɗe, hammatar a yage.

Masu lodin kwanduna suka kwashe da dariya. "Haba Malam, har yanzu?"

Kamar ƙasa ta tsage in shige. Na ce, "Baba, don Allah ka rufe."

Ya dube ni. "Da suna cin kofi kowa nasu ne. Yanzu suke buƙatar mutum."

Rigar tana akwatina yau. Har yanzu na kasa sa ta in fita.